Ranar da Na Riga Kowa Zuwa Filin Besbol

Ko sunana zan manta, ba zan taɓa mantawa da tsayuwar da na yi a gaban wata rufaffiyar ƙofa ranar wata Juma'a ba. Farin tob, doguwar rigar nan tamu, ya sha guga har yana ɗaukar ido, turare yana tashi, safar kama ƙwallo sabuwa fil a hammata, rana tana dukan ƙeyata. Babu kowa a wurin sai ni da wata kyanwa da ta samu inuwa ta hana ni. Kallon besbol na zo. Kuma na zo da wuri, kamar yadda masana suka ce.

Bari in gaya muku yadda aka yi na kai kaina can. Ni ɗan unguwar Ƙurban ne, a nan Madina aka haife ni, ina aikin karɓar baƙi a wani otal a tsakiyar gari. Akwai wata yarinya, Ruƙayya, da na kai maganarta gida, gida kuma suka kai gidansu. Babanta, Ammu Usman, ya ce shi ba shi da matsala, amma ba zai ba da amsa ba sai babban ɗansa ya gan ni ya faɗi ra'ayinsa. Babban ɗan nan shi ne Yaya Muhsin. Ya yi karatu a Amurka, ya dawo da takardar digiri da kuma wata lalura da ake kira besbol (wasan nan da ɗaya zai jefo ƙwallo, wani ya make ta da sanda ya kwasa da gudu, sauran kuma su tsattsaya kamar masu jiran bas). Ya tara 'yan Filifin da ke aiki a asibitoci, da wasu 'yan uwanmu biyu da ya fi ƙarfinsu, suna buga abinsu a filin wata istiraha, irin gidan shaƙatawar nan da ake haya, a bayan gari.

Ranar da muka fara zama da shi, ana zuba gahwa, ya kalle ni ya ce, "Kana bin besbol?"

Amsar da ta dace gajeriya ce: a'a. Ko ɗigon kunya babu a cikinta. Ni kuwa sai na ji bakina yana cewa, "Marra, Yaya. Sosai ma."

"Tayyib. Juma'a muna da wasa, bayan la'asar. Ka zo ka gan mu."

Ina fita na ciro waya. Mai hankali zai tambayi yadda ake wasan, ko ya kalli bidiyo ɗaya daga farko har ƙarshe. Ni abin da na tambaya shi ne yaushe ya kamata mutum ya isa filin besbol kafin wasa, don a ganina mutunci daga lokacin zuwa yake farawa. Wayar ta kawo min rubutun wani Ba'amurke mai cike da tabbaci. Ya ce ka je awa biyu kafin a fara. Ya ce wurin ajiye mota yana cika, ƙofa tana yin layi, in ka shiga da wuri za ka ga 'yan wasa suna motsa jiki. Ya ce ka tafi da safar kama ƙwallo, wataƙila wata ta faɗo wajenka. Na sayi maganar. Safar ma na saya.

Abin da bai zo min a rai ba shi ne, bawan Allahn nan yana maganar filayen da za su ɗauke mutanen Ƙurban gaba ɗaya ne har da baƙinsu. Kuma ni da aka haifa a garin nan na fi kowa sanin me ake nufi da "bayan la'asar". Ana nufin in rana ta yi sanyi, an gama shayi, an samu makullin mota. Duk na sani. Amma na ajiye sanina na bi wani mutum da bai taɓa jin ranar Madina a ƙeyarsa ba.

Na yi lissafi: awa biyu kafin la'asar, yani daga sallar Juma'a sai fili. Na biya gida ɗaukar safa kawai, Ummi ta tare ni a ƙofar kicin.

"Shinkafa ta kusa. Ina za ka da ranar nan?"

"Ummi, ana cika ne."

"Me ake cikawa?"

"Wurin ajiye mota."

Ta dube ni daga sama har ƙasa, ta ce Allah ya kiyaye hanya, ta koma kan tukunyarta.

Wurin ajiye motar da ake cikawa wani fage ne da jirgi zai iya sauka. Sau uku ina canza wa motata wuri don neman inuwa, inuwar da babu ita. Na ƙwanƙwasa ƙofa har hannuna ya yi zafi, sannan mai gadi ya fito yana miƙa. Malam Isa sunansa, mutumin Maraɗi, bai daɗe da kama aiki a wurin ba.

"Samari, lafiya? Wasan ai sai an jima."

"Na sani, Malam. So nake in riga zahma, kafin wuri ya cika."

Ya duba hagu, ya duba dama, ya duba kyanwar.

"To, ka riga ta."

Ya buɗe min. Har ya juya zai koma ɗakinsa sai ya tsaya. "Ko kai ne wanda aka ce za shi zo ya gyara fili? Jiya an ce min wani za shi zo da wuri, in ba shi manjagara."

Daga baya na gane Yaya Muhsin ne da kansa yake zuwa kafin sauran ya share filinsa. Amma a lokacin wani hoto ne ya bayyana a kaina: Yaya ya iso, ya tarar da fili sumul kamar faranti, ya tambayi wa ya yi wannan, ni kuma ina gefe ina kallon ƙasa irin na masu tawali'u. Ya kira babansa a take.

Na ce, "Ni ne."

Na naɗe tob na ɗaure a ƙugu. Na tsince duwatsu, na ja manjagara, na kwashe robobin ruwa. Wallahi na yi aiki, wannan kam ko a gaban alƙali zan faɗa. Sai idona ya kai tsakiyar filin. Wani ɗan tudu ne a wurin, daidai tsakiya, a zagaye, kamar an kife babban tire. Ni da na tashi ina buga ƙwallon ƙafa a lungunan Ƙurban na san abin da irin wannan yake yi wa idon sawu. Na ce a raina, mutane masu digiri, amma sun bar wannan hatsarin a tsakiyar fili, babu wanda ya kula.

Na kira Malam Isa shawara. Ya zagaya tudun ya ce shi ma tun zuwansa yake ganinsa, ya ɗauka ko bututun ruwa ne ya bi ta ƙasa. Na ce bari mu gani. Ya kawo shebur ya koma inuwa (a cikinmu shi kaɗai ne ya yi abin da ya dace ranar).

Ƙasar tudun ta yi tauri kamar siminti, kuma ja ce, ba irin ta sauran filin ba. Wannan kaɗai ya isa ya sa mutum ya dakata ya yi tunani. Ni sai ya ƙara min zuciya. Na sara, na kwasa, na sara, na kwasa. A saman na ci karo da wata doguwar farar roba da aka binne, na ce dubi shara har a nan, na finciko ta na wurga cikin durom ɗin bola. Jar ƙasar kuma na bi ramukan gefe na cike su da ita. Da na gama, wurin ya kwanta lif, ko ƙwai ka ajiye ba zai gangara ba. Na ɗauki hoto da shebur a kafaɗa na tura wa Ruƙayya, na rubuta, "Ina shirya wa yayanki abin mamaki." Ta turo min zuciya ja. Ita ma ba ta san besbol ba.

Muka yi la'asar ni da Malam Isa. Aka jima. Aka ƙara jimawa. Sai motoci suka fara shigowa ɗaya bayan ɗaya, kowa yana ajiye tasa inda ya ga dama.

'Yan Filifin ne suka fara shiga. Suna ta hira da dariya, suna isa bakin fili sai suka yi tsit. Ɗaya ya cire hularsa ya riƙe a ƙirji. Na ɗauka girmamawa ce, har na ɗan sunkuyar da kai na ce babu komai.

Sannan Yaya Muhsin ya shigo, jaka a kafaɗa. A bayansa kuma Ammu Usman, da 'yar kujerarsa ta naɗewa. Ashe ya ce bari ya zo ya ga yaron nan da idonsa, jiransa ne ma ya hana Yaya zuwa da wuri ranar.

Yaya ya taka har tsakiyar fili ya tsaya daidai inda tudun yake a da. Ya kalli ƙasa. Ya juya ya kalli bayansa, kamar mai tunanin ko tudun ya matsa ne.

"Ina tudun?"

"Na gyara shi, Yaya."

"Ka gyara shi."

"Zai iya karya wani."

Bai ɗaga murya ba, kuma da ya ɗaga da ya fi min sauƙi. A hankali ya yi min bayani, rabi da Hausa rabi da Larabci, yadda ake yi wa mara lafiya. A kan tudun nan mai jifa yake tsayawa. Ba a wasan sai da shi. Mai jifan ƙungiyar kuma shi ne. Jar ƙasar daga wajen Badr ya riƙa ɗauko ta a but ɗin motarsa, buhu-buhu, yana zubawa yana yayyafa ruwa yana daɓewa, sanyin bara gaba ɗaya a kan tudun nan ya ƙare.

"Ka ce min kana bin besbol," in ji shi. "Marra, ka ce."

Ammu Usman ya buɗe kujerarsa ya zauna, ya gyara shimag ɗin da ya yafa a ka.

"Muhsin, wannan shi ne yaron?"

"Shi ne, Abuya."

"Masha Allah, yana da ƙarfi." Ya juyo wajena. "Ɗana, tun yaushe kake nan?"

"Tun bayan Juma'a, Ammu."

"Wa ya ce ka zo tun bayan Juma'a?"

Na nemi sunan wani babban mutum da zan jingina wa, ban samu ba. Na ce, "Waya ce, Ammu."

Ya gyaɗa kai kamar ya ji sunan wani dangi da aka san halinsa.

Na ɗauka an kai ƙarshe. Sai Yaya ya ce, "Robar fa? Akwai farar roba a sama."

Jama'a, tafiyar da na yi daga tsakiyar filin nan zuwa durom ɗin bola ita ce tafiya mafi tsawo a rayuwata, kuma na taɓa raka alhazai daga otal zuwa masallacin Ƙuba a ƙafa. Durom ɗin dogo ne. Sai da na kifa rabin jikina ciki, ƙafa ɗaya a sama, tob ɗin da ya fito fari daga gida ya koma kalar shayi da madara. Na fito da robar, ɓawon lemo a manne da hannun riga. A daidai lokacin ƙungiyar da za a kara da ita ta iso, mutanen da suka taso tun daga Yanbu. Suka tsaya suna kallona, sannan suka kalli filin, sannan suka sake kallona.

An dai yi wasan, a kan shimfiɗaɗɗiyar ƙasata. Jifan Yaya ya ƙi zuwa inda yake so. Duk ƙwallon da aka make masa sai ya juyo ya nemo ni da ido a inda nake zaune, safa a hannu (a hannun da ba shi ba, wani ɗan Filifin ne ya zo cikin tausayi ya canza min). Ƙwallo ko ɗaya ba ta faɗo wajena ba. An cinye su.

Ban kai gida ba saƙon Ruƙayya ya shigo. Wani ya ɗauki bidiyon shigata durom, har ya kai gurup ɗin danginsu. Ta rubuta, "Khala Hajara ta ce in tambaye ka ko kana da lokaci, tana da gonar dabino da ke son gyara." Na kashe wayar da ta jawo min, na kwanta ina tsara yadda zan gaya wa Ummi cewa maganar gidan Ammu Usman ta mutu, kuma ni na binne ta da shebur.

Ana cikin mako Yaya Muhsin ya kira. Ko sallama bai gama ba ya ce, "Juma'a. Ka zo da motarka, ka cire komai daga but. Badr za mu."

Haka na koma ɗan dakon ƙasa. Juma'a bayan Juma'a muna ɗaukowa, muna zubawa, muna daɓewa. Ba ya magana sai "ƙara ruwa" da "ba nan ba". Ranar da tudun ya tashi, ya hau, ya yi jifa ɗaya, ya sauko, ya miƙo min robar ruwan da ya sha rabi. Daga baya Ruƙayya ta gaya min abin da ya faɗa wa babansu: "A ba shi, Abuya. Ya ɓata, ya tsaya ya gyara. Amma kada a bar shi shi kaɗai a wuri."

Na ɗauka wasa yake yi. Ranar milka, wato ɗaurin aurenmu, Yaya ya ce min in zo gidansu bayan isha. Na zo daidai, na tarar falo a cike, an sha gahwa har an gaji, mai ɗaurin aure yana duba agogo. Ashe kowa bayan magariba aka ce masa, har da mahaifina. Na ja Yaya gefe na ce ya haka, ango ne fa ya zo ƙarshe.

Ya dafa kafaɗata ya ce, "Da gangan ne. Abuya ya yi sabbin shuke-shuke a tsakar gida."

Abin da na koya bai da yawa. In an gayyace ka wuri, wanda ya gayyace ka za ka tambaya lokacin zuwa, yana da baki, kuma ya san filinsa. In kuma tsautsayi ya sa ka riga kowa, ka nemi inuwa ka zauna a kan hannuwanka har masu wurin su iso. Zuwa da wuri bai taɓa cutar da kowa ba, abin da mutum yake yi kafin a zo ne matsalar.

Ku fa, in kuka riga kowa zuwa wuri, me kuke yi da hannuwanku?