Yadda Za Ka Burge Surukinka da Link ɗin Ƙwallo

Saurayi, matso kusa. In ka bi matakan nan, na yi maka alkawari gidan surukanka ba za su taɓa mantawa da kai ba. Hafizu na Kwangwalam, can bakin iyakar Nijar, mai neman auren Rauda 'yar Alhaji Mati, ya bi su tiryan-tiryan, har gobe ana zancensa.

1. Raina dikodar mutane

Samo link a guruf ɗin abokai, irin mai jero tashoshin duniya kaf kyauta. Sai ka aika wa Alhaji cewa biyan kuɗin dikoda rashin wayewa ne. Hafizu ma sai da ya sa aka sauke faifan dikodar Alhaji daga kan rufi.

2. Kada ka gwada tukuna

Gwaji na masu raunin zuciya ne. Jira ranar wasan ƙarshe, Alhaji ya tara abokansa dillalan shanu a zaure, an dama fura, sannan ka jona waya da talabijin.

3. Ɗora wa Nijar laifi

Hoto zai daskare. Ka ce sabis ɗin tsallaken iyaka ne ya kutso wayarka. Ran nan maƙwabta masu rediyo suka kaure da ihun an ci, a zauren Alhaji kuwa ɗan wasa bai gama ɗaure takalmi ba.

"Kai Hafizu, wasan jiya muke kallo ne?" in ji Alhaji.

"Ranka ya daɗe, namu a natse yake zuwa."

4. Danna na gaba ido rufe

Link ya mutu? Jerin ba ya ƙarewa, sunayen kuma ba mai iya karanta su. Hafizu ya danna. Sai ga mata a bakin teku, tufafinsu duka in an haɗa ba su kai hular Alhaji ba. Zaure ya ɗauki salati. Abin haushi, wannan tashar ko gezau ba ta yi ba, tar da ita!

5. Fice

Takalmi ba dole ba ne.

Gargaɗi: ni ban san ka ba, ban kuma turo maka komai ba. Wani saurayi Musaddiq, wanda ya hau rufi ya mayar da faifan, shi Rauda ta zaɓa. Hafizu zai kalli bikin a waya, in hoton bai daskare ba.