Suturar Akwatin Landan

Duk wanda ya zauna a Ƙofar Rini a shekarar 1978 kuma bai san Alhaji Tambari ba, sai dai a yi masa jaje, don ya yi asarar ganin wayewa da idonsa. Mutum ne da Allah ya yi wa baiwa iri-iri. Shi ne mataimakin ma'ajin kaya a wata ma'aikatar gwamnati, kuma shi ne na farko a layinsu da ya taka ƙasar Ingila. Gaskiya ne kwas ɗin da aka tura shi na sati uku ne, kuma sati ɗaya daga ciki a kwance ya yi shi da mura. Amma sauran biyun sun ishe shi ya fahimci Turawa ciki da waje, har ya dawo yana tausaya musu a wasu wuraren. 'Yan hassada suka laƙaba masa Alhaji Sati-Uku. Shi kuwa ya ɗauka yabo ne, yana amsawa har da ɗaga hannu.

Tun da ya dawo bai ƙara shan shayi ba sai da ɗan faranti a ƙarƙashin kofin. Da rana tsaka, zafin Sakkwato na narka kwalta, za ka gan shi da kwat a kan kaftani, gumi na bin wuyansa, yana cewa jiki ne bai gama sabawa da ƙasar nan ba. In ka gaishe shi ka tambayi gajiya, sai ya duba agogo kafin ya amsa.

A cikin tsarabar da ya zo da ita akwai abin da ya fi komai ɗaga darajarsa, wato akwatin wasan talabijin. Wani ɗan baƙin akwati ne, faɗinsa bai wuce tiren shayi ba. Ana jona shi da talabijin da waya, sai kuma mariƙai biyu, kowane ɗan wasa ya riƙe ɗaya. In an kunna, sanduna biyu farare su fito a fuskar talabijin, da ɗigo ɗaya mai kai da komowa a tsakaninsu, wanda ɗigon ya wuce shi an ci shi. Iyakar abin ke nan. Amma in Alhaji na bayaninsa a ƙofar gida, sai ka rantse jirgin sama ya ajiye a falo.

"Wanga shi aka kira kimiyya," in ji shi. "Can, babban ma'aikaci ba shi shiga ofis sai ya buga shi, don shi wasa ƙwaƙwalwa. Ku nan dara kunka sani, kuna tonon ƙasa da yatsa."

Abin da ba ya faɗi a ƙofar gida shi ne, a cikin gidan nan ba shi ne gwanin kimiyyar ba. Matarsa Hajiya Dijatu, wadda ko Zariya ba ta taɓa zuwa ba, ta koyi wasan a yini guda, kuma daga ranar bai ƙara cin ta ba. Tana son wasan nan har cikin ranta. Da ta sauke tukunya sai ta wanke hannu ta zauna gaban talabijin tana jiransa, ta lallasa shi tana dariya. Alhaji ya yi bincike mai zurfi a kan lamarin, ya gano cewa mariƙin da ke ɓangarensa ne canjin yanayi ya taɓa. Da suka yi musanya aka sake cin sa, sai ya gano cewa cutar tana yaɗuwa.

Ana nan sai babban ma'aji ya yi ritaya, kujerarsa ta zauna babu kowa. Mutum biyu ake maganar za a ba ɗayansu, Alhaji Tambari da wani Malam Jibrin, bawan Allah mai keke wanda ba abin da ya iya a duniya sai aiki. Wanda zai yanke hukunci kuwa shi ne Babban Sakataren ma'aikatar, Alhaji Siddiƙu. Alhaji Tambari na son kujerar nan so mai hana cin abinci. Shekara goma sha ɗaya yana mataimaki, kuma tunanin ya wayi gari yana cewa Malam Jibrin "yallaɓai" ya fi masa ciwo a kan rasa kujerar kanta. Ya yi ta sintiri a ƙofar ofishin Babban Sakatare har dattijon ya gaji, ya yarda zai leƙo gidansa ran Asabar bayan la'asar. Dabarar Alhaji mai sauƙi ce. Zai nuna masa akwatin, mutumin ya gane wa ya ga duniya, wa kuma ya tsaya gyaran sarƙar keke.

Sai dai da Alhaji Tambari ya zauna ya ƙare wa akwatin kallo, ransa ya ɓaci. Abu baƙi wuluk kamar gindin tukunya, ba ado, ba ko zane.

"Turawa sun iya ƙira," ya ce wa Hajiya, "amma ba su san sutura ba. Yaya za a kawo babban mutum a nuna mai abu tsirara?"

"Alhaji, abin ga yana aiki lahiya lau. Ka bar shi yadda Allah yay yi shi."

"Ke wasa kika gani. Ni daraja nika gani."

Washegari ya naɗe akwatin a cikin tawul ya nufi shiyyar dukawa, wajen Malam Junaidu, tsohon baduku wanda ya shekara talatin yana ɗinkin jar fatar Sakkwato. Malam Junaidu ya juya akwatin sama da ƙasa, ya kai shi kunne ya girgiza, ya shinshina.

"Rediyo na, Alhaji?"

"Ya hi ƙarhin rediyo."

"To mi aka aje ciki?"

"Ilimi," in ji Alhaji. "Kai dai ka yi mai riga irin wadda ta dace da shi. Ka bar 'yar ƙohwa daga ƙasa inda waya za ta shiga."

Bayan kwana biyu ya koma. Malam Junaidu ya yi aiki na gani na faɗa, ya lulluɓe akwatin da jar fata mai laushi, ta kama shi cif, ɗinki ƙanana a jere. Duk mai hankali da ya biya ya ɗauki kayansa. Amma Alhaji ya wuce masu hankali da nisa. Ya tsaya ya riƙe ƙugu, ya karkata kai, ya taɓa kusurwoyin nan huɗu ɗaya bayan ɗaya.

"Har yanzu da rama a jikinai. Kuma ga kusurwa. Malam Junaidu, ka taɓa ganin babban mutum da kusurwa? Girma kewaye shi kai. A ciccika shi, shi yi kumari."

Aka farke, aka cusa audugar rimi ta ko'ina har kusurwoyin suka ɓace. Da ya dawo karo na uku sai ya ga ja kaɗai ya yi kaɗan, ai ba barkono ya kawo ba. Ya sa aka kewaye shi da koren fata, aka ratsa rawaya, aka yi dagi babba a tsakiya, aka jera tuntaye a gefe. Mariƙan nan biyu ma ba su tsira ba, kowanne aka yi masa kube da jela. Kuma da yake girma ba ya yawa, ya ce a ƙara auduga.

Malam Junaidu ya ajiye basillarsa. "Alhaji, ni dai tun da nit tashi, in anka cika hwata da rimi anka kewaye ta haka, suna guda gare ta."

"Ba suna niz zo saye ba. Ka ƙara."

Tsohon ya ƙara. Shi bai taɓa zuwa Landan ba, wa ya aike shi gardama.

Ran Juma'a da yamma aka kawo abin gida, ja jawur, kumbure, yana ƙamshin sabuwar fata. Hajiya Dijatu ta kewaye shi sau biyu ba ta gane gabansa ba. Ta roƙa a jona su buga ko sau ɗaya, kwana shida ke nan ba ta taɓa wasanta ba. Alhaji ya ce ba a buɗe abu sau biyu. Ya kulle wayoyi da mariƙan a cikin durowa, don sai ya kai tsakiyar jawabinsa zai fito da su, kamar yadda ake yi a manyan taruka. Jawabin kuwa shafi uku ne, ya rubuta shi da hannunsa, ya gwada shi a gaban madubi har da wuraren da zai tsaya a yi mamaki. Da Asabar ta yi, ya ajiye akwatin a kan darduma, daidai gaban kujerar da ta fi kowacce laushi, don kada baƙo ya wahala wajen hangensa.

Babban Sakatare ya iso a wata 'yar ƙaramar mota, don a lokacin gwamnatin soja ta fara wa'azin a rage facaka da kwaɗayin kayan waje, manya duk sun koma masu tawali'u. Dattijo ne mai jiki, kuma yana fama da kumburin ƙafa. Ya tuɓe takalmi a bakin ƙofa, ya lallaɓa ya zauna a kujerar, ya yi ajiyar zuciya. Sai idonsa ya faɗa kan abin da ke gabansa. Fuskarsa ta washe. Kafin Alhaji ya kai hannu aljihu ya ciro takardar jawabinsa, dattijon ya ɗaga ƙafafunsa biyu ya ɗora su a kan dagin nan, ya saki nauyinsu gaba ɗaya.

Wani abu ya ce ƙaras daga ciki. Hajiya Dijatu, da ke tsaye bayan labule da tiren lemo, ta ji shi sarai, ta rufe ido.

"Alhamdu lillahi," in ji Babban Sakatare. "Rabona da ganin tumtum mai kyau awa wanga tun na gidan mahaihina. Ka gani, Tambari, abin da nika gaya ma ma'aikata ke nan kullum. Mutum shi tahi Turai kwana biyu, shi dawo da tarkacen wasan yara shi cika ɗaki, shi raina matashin ƙahwar da kakanninmu sunka bar muna. Na zaci kai ma cikinsu kake. Ashe na zalunce ka."

Takardar jawabin tana cikin aljihun Alhaji, kuma layinta na farko ya fara ne da lokacin da yake Landan. Ya ji ta a jikin ƙirjinsa, ya bar ta a inda take. A nan ne aka ga amfanin ilimi, don bai ɗauki daƙiƙa biyu ba ya sauya ra'ayin da ya shekara yana wa'azinsa.

"Ranka shi daɗe, ai ni ba abin da nit tsana awa kayan waje. Wanga ma ni niz zana shi da kaina, nit tsaya bisa kan baduku har yag gama."

"Madalla. Sai dai akwai wani abu ciki mai sukar dunduniya." Dattijon ya danna da diddige don ya tabbatar, abin ya sake amsawa. "Amma kyau kam, ya yi kyau."

Suka sha lemo, aka taɓa zancen damina da na siminti. Babban Sakatare bai sauke ƙafarsa ba, kuma kafin ya tashi ya sake yaba tumtum ɗin har sau biyu, yana shafa tuntayen da babban yatsa. To, kowa ya san ƙa'idar garin nan. In babba ya yaba abinka sau ɗaya, ka yi godiya. In ya maimaita har uku, kai kuma kana neman abu a hannunsa, to abin ya riga ya bar gidanka, saura ka faɗa da bakinka.

"Naka na, ranka shi daɗe," in ji Alhaji.

Dattijon ya yi ɗan ƙin karɓa irin na al'ada, direba ya shigo ya rungumi akwatin ya kai mota.

Da ƙurar motar ta kwanta, Alhaji ya dawo falo ya tarar da Hajiya zaune gaban talabijin a kashe, ta buɗe durowa ta ɗauko mariƙi ɗaya tana juya jelarsa. Ranta ya ɓaci ƙwarai, kuma ba ta ɓoye ba.

"Abu ɗaya nika jin daɗi nai gidan ga, ka kai an cusa mai auduga, an taka shi gabana, ka bi shi da godiya."

"Ba ki san mulki ba," in ji Alhaji, wanda ya riga ya farfaɗo. "Dut abin ga da kig gani, haka nit tsara shi. Akwati guda niy yi shuka da shi, kujera za ni girba. Ki sa a goge man babbar rigata."

Ran Litinin ya shiga ofis da babbar riga mai aska takwas, yana amsa gaisuwa da ka. Bai daɗe da zama ba masinjan Babban Sakatare ya shigo da wani ƙunshi a cikin tsohuwar jarida, ya ajiye masa a kan tebur. Alhaji ya jira sai da 'yan ofis suka taru, sannan ya kwance shi a hankali. Baƙin akwatin ne, ya rabe biyu, da 'yan wayoyi da ɓarɓashi, audugar rimi duk ta maƙale musu. A sama akwai 'yar takarda da rubutun dattijon: ya gode da tumtum, ƙafa ta sami sauƙi tun da aka zazzage shi, ga tarkacen da aka tarar a ciki. Ya ƙara da cewa mai neman riƙon kayan gwamnati ya kamata ya fara sanin abin da ke cikin kayan ɗakinsa.

Alhaji yana cikin karanta ta karo na biyu sai ga Malam Jibrin ya leƙo, makullan babban ma'aji a hannunsa, ƙafar wandonsa ɗaya har yanzu a naɗe saboda keke. Ya yi gaisuwa da ladabi, kamar yadda ya saba. Sannan ya dubi abin da ke kan teburin, ya tambaya ko na gwamnati ne, don in ba na gwamnati ba ne yana so a fitar da shi daga ofis kafin azahar.