Wasiƙar da Na Ɓoye a Ƙarƙashin Katifa

Ba na jin zan taɓa mantawa da abin da na yi wa jikata Rukayya, ko da tsufa ya kwashe sauran tunanina.

A gidan ɗana nake zaune, nan Nassarawa GRA, kuma babu mai shiga ko fita ban gani ba. Rukayya ta gama jami'a, amma aka ce ta faɗi darasi ɗaya. Ta rantse ba ta faɗi ba, ta nemi a sake duba takardarta. Wata bakwai shiru. Ƙawayenta duk sun tafi bautar ƙasa, ita tana ɗaki tana ramewa.

Sai na fara ganin wani saurayi mai baƙar kwat yana tsayawa a bakin get, su yi ƙus-ƙus. (Ni a zamaninmu mai neman aure da waliyyi yake fara gaisawa.) Ran nan ya zo ba ta nan, ya ba mai gadi ambulan. Na karɓe, na cusa ƙarƙashin katifa. Kwana huɗu yarinya tana nema har da kuka, ina jan carbina.

Ranar Juma'a, bayan an sauko masallaci, na tara babanta da kawunanta biyu, na sa aka kira saurayin. Ban bar shi ya zauna ba.

"Kai ɗan gidan uban waye? Karanta musu abin da ka rubuto mata, mara kunya!"

Ya durƙusa ya ce, "Hajiya, da Turanci ne."

"To fassara!"

Ya fassara. Ashe lauya ne, Barista Nura, yayan ƙawarta. Wasiƙa ce zuwa ga hukumar jami'a: an ba su mako biyu su fito da sakamakon sake dubawar, in ba haka ba za a roƙi babbar kotu ta tilasta musu. Sa hannun Rukayya kawai ake jira a kai wasiƙar, ga shi ana gab da rufe sunayen masu tafiya bautar ƙasa.

Kawunta ƙarami ya saka hula a baki don danne dariya. Rukayya ta dube ni da jajayen idanu ta ce, "Hajiya, da kin tambaye ni ai."

Wannan maganar ta fi zagi ciwo.

Ranar Litinin ni na raka Rukayya da Barista Nura har ofishin hukumar jami'ar, na zauna a benci na ce ba na tashi sai an buga hatimin karɓa. An buga. Kwana goma sha biyu sakamako ya fito, ta ci, sunanta ya shiga da ƙyar.

Har yau ina sa ido, ban fasa ba. Amma takardar da ba zan iya karantawa ba, na daina yanke mata hukunci.