Ranar da Na Kai Mai Shagona Kotu

Ba na jin zan taɓa mantawa da ranar da na kai mai shagona kotu, kuma ni da kaina na gayyato 'yan kallo.

Shagon buga takardu gare ni a bakin kasuwar Anka. Da yake wasu lauyoyi na kawo mini aiki jefi-jefi, sai na soma jin ni ma rabin lauya ne (abokai na kirana Barista, ina amsawa ko kunya babu). Shi ya sa da zan kama hayar shagon a hannun Alhaji Garba, na ce ya bar mini rubuta yarjejeniyar. Don in burge shi na kwafo wani sharaɗi daga takardar wani lauya, cewa duk saɓanin da ya taso dattawan kasuwa uku ne za su yanke hukunci, abin da suka yanke kuma ya zauna. Ban tsaya tunanin ma'anarsa ba, daɗin karantawa kawai ya yi mini.

A kan janareta rigimar ta tashi. Na ajiye shi jikin katangar baya, ashe ɗakin Inna, mahaifiyar Alhaji, yana bayan katangar, hayaƙi na shigar mata ta taga har tari ya kama ta. Sau biyu Alhaji na yi mini magana, ina ce masa takarda ba ta hana janareta ba. Dattawa suka zauna, suka saurare mu, suka ce ko in ɗauke shi ko in tashi daga shagon. Shagon nan kuwa da shi nake ci da iyalina.

Maimakon in ɗauke, sai na garzaya kotu a soke hukuncin. Na ƙi ɗaukar lauya (ina ni ina lauya, ga ni?). Na bi shago-shago ina cewa a zo a ga yadda ake doka. Ranar na sha babbar riga, kotu ta cika da maƙwabtana.

Na daɗe ina zuba bayani a kan rashin wutar lantarki, alƙali ya bar ni na gaji don kaina. Sannan ya tambaye ni ko dattawan sun hana ni magana, na ce a'a. Ko akwai wanda aka toshe wa baki a cikinsu? A'a. Ko sun yi hukunci a kan abin da ba a kai gabansu ba? Nan ma a'a.

"To malam, iyakar abin da kotu za ta duba ke nan," in ji shi. "Ba aikina ba ne in sake auna ko hukuncin ya yi maka daɗi, tunda ku kuka zaɓe su."

Da na yi shiru a nan, da na tsira da ɗan mutuncina. Amma sai na ɗaga murya na ce sharaɗin zalunci ne, duk wanda ya rubuta shi bai san doka ba. Alƙali ya juya ya tambayi Alhaji wa ya rubuta.

"Ranka ya daɗe, ni ban yi boko ba. Wanga Barista shi yar rubuta shi da hannu nai."

Sai da ɗan sanda ya tsawatar kafin dariya ta lafa. Wallahi na ji kunyar da ban taɓa jin irinta ba, zufa ta jiƙa mini riga sharkaf.

A waje na laɓe bayan wata mota ina jiran mutane su watse, na riga na san shago ya tafi. Nan Alhaji ya same ni, ya ce in tafi in ga Inna, ita ce mai magana ba shi ba. Na je na durƙusa a gabanta.

"Ɗana, wa ac ce a tashe ka?" ta ce. "Hayaƙin ɗai nika son ka ɗauke min."

A yinin na ɗauke janaretan, daga baya na sa sola, kuma har yau ina cikin shagon. Abin da na koya shi ne, alƙali hanyar da aka bi kawai yake dubawa. In sassauci kake nema, ka cire takalmi ka je wurin wanda ka ɓata wa.