Yadda Na Tsinci Kakana a Majigi

Ba zan taɓa mantawa da walimar auren ɗiyata a unguwar Mansur ta Makka ba, ranar da bakina ya yi mini aika-aika a gaban sababbin surukai.

Ni mutum ne mai ƙara wa labari gishiri. Kakana ya zo Makka a ƙafa daga Kano, wannan gaskiya ne. (Zakunan da ya kashe a hanya kuwa, duk shekara sai na ƙara ɗaya.) Surukan nan 'yan unguwar Shisha ne, masu natsuwa, ni kuma ina so su san ba gidan banza suka nemi aure ba.

Bayan an ci shinkafa, sai wan ango, mai sha'awar tsofaffin finafinai, ya kunna mana wani a talabijin. Baƙi da fari ne, ba murya ko ɗaya. Wasu matafiya ne da alfadarai, suna tafiya da sauri kamar ana bin su da bulala. Abin ya ɗaure mini kai. Wa ya ɗauki na'urar ɗaukar hoton a kansa? Me suke ci? Wan ango ya ce da hannu ake juya na'urar, shi ya sa tafiyar ta zama haka.

Can sai ga wani dogo a gaban ayari, ya naɗe fuska da rawani. Shirun ya yi mini yawa. Na miƙe.

"Wallahi kakana ne! Ku dubi tafiyar!"

Uban ango ya ce, "Ya shek, ka tabbata?"

"Alhaji, jinina ne zan kasa ganewa? Nan Sudan ce, gab da teku."

Na ci gaba da fassara har da muryar kakan. Wata tsohuwa daga ɓangaren mata ta fara share hawaye. Sai Sudan ɗin tawa ta soma zubar da ƙanƙara. Rubutu ya fito, wan ango ya karanta a hankali: ayarin masu neman burbushin jirgin Annabi Nuhu ne, a kan wani dutse a ƙasar Turkiyya.

Kakana ya juyo, ya warware rawani. Bature ne, hanci kamar bakin buta. Ya ciro lofe ya kunna.

Uban ango ya kurɓi shayi ya ce, "Masha Allah, Alhaji. Ashe har da Turawa muka haɗa zuri'a."

Aure dai yana nan lafiya, amma a Shisha sunana Jikan Bature. Yanzu ko hoton fasfo ɗina aka nuna mini, sai na ji ta bakin mutane biyu kafin in ce na san mai shi.