Ranar da Na Mutu a Zauren Baba Mani

Ko zan manta da komai, ba zan taɓa mantawa da ranar da na mutu a gaban surukina ba.

Bari in fara da sana'ata. Shekara tara ke nan ina fitowa a finafinan faɗa da muke ɗauka a Gusau, wani lokaci mu hau duwatsun Tsafe don a ce ƙasar Sin ce. Kada ka wahalar da kanka wajen tuno fuskata. Ni ne yaron bos na uku daga hagu, wanda jarumi ke shurewa tun 'yan kallo ba su gama gyara zama ba. Aikina faɗuwa, kuma wallahi na iya ta. Dokar aikin biyu ce: da ka ga hannu ya taso, ka tashi sama kafin ya iso, in ba haka ba a fasa maka baki da gaske. In ka faɗi kuwa, ko kunama ta harbe ka, ba ka motsi sai darakta ya ce "kat".

Sai Allah ya haɗa ni da Luba, 'yar garin Karakkai. Bakina da ba ya shiru ya gaya mata ni gwanin faɗa ne a fim (ban yi ƙarya ba, ban dai faɗi ɓangaren da nake ba). Ita kuma ta kai maganar wurin mahaifinta, Baba Mani, tsohon ɗan dambe da ya riga ya kori manemanta biyu, wai ba su da ƙashi. Ya ce in zo ya gan ni. Ina son Luba kamar raina, kuma na san in tsohon nan ya ce a'a, magana ta ƙare.

Na je bayan la'asar cikin babbar riga. Dattawa biyar a zaure, ga ƙwaryar fura a tsakiya. Da aka gama gaisawa Baba Mani ya tambaye ni labarin faɗa, ni kuwa na buɗe baki na yi ta zuba, har da cewa na taɓa shiga faɗan mutum ɗaya da shida (ina cikin shidan). Tsoho ya ji daɗi, ya miƙe, ya ce in tashi ya gwada mini yadda yake kai hannu a zamaninsa. Ya dunƙule, ya ɗago a hankali, hannun ma rawa yake yi.

Jikina bai yi shawara da ni ba. Na ƙwalla ƙara, na yi sama, na juya sau biyu, ƙafata ta kwashe ƙwaryar fura, na zube wanwar, harshe a waje. Rantsuwa zan yi, ban taɓa faɗuwa mai kyanta ba. Sai na kwanta shiru ina jiran "kat".

Babu darakta a Karakkai. Salati na ji ya tashi daga cikin gida, har da muryar Luba. A nan hankalina ya dawo, kunya kuma ta ce in ci gaba da mutuwa, ya fi mini sauƙi. Ina ji fura na gangarawa cikin kunnena.

"Ku shaida ban taɓa shi ba," in ji Baba Mani. Ya tsuguna ya leƙa fuskata, na buɗe ido ɗaya. Ya yi dariya har da tari, sannan ya ce, "Shekara ashirin ina dambe, ban taɓa kisa mai kyan wanga ba. Ku ba shi ɗiyar."

An ba ni, alhamdu lillahi. Na kuma koyi cewa kafin ka cika baki ka fara shawara da jikinka, don shi ya san ainihin sana'arka. Sai dai har yau, duk sallah in muka je gaisuwa, Baba Mani kan tara baƙi a zaure, ya sa a kawar da fura, ya dube ni, ya ɗaga hannu.