Yadda Za Ka Mayar da Rashin Iya Kyamara Ya Zama Salo

Kai mai yawo da kyamarar aro, zauna ka ji. Ban shiga ajin kowa ba, amma a gabana ragwaye da yawa suka zama gwanaye. Bi matakan nan, na ba ka tabbaci za a ce kana da salo.

1. Nemi wanda ba ya tambaya

Shiga ƙaramin fim wanda darakta ya haɗa da guminsa. Ka tabbata jarumin dattijo ne irin Baba Maigadi, wanda ya tsufa yana buɗe ƙofa a finafinan mutane, sai yanzu aka ba shi babban matsayi. Burinsa ɗaya ne, jikokinsa su ga fuskarsa ta cika allo.

2. Kashe fitila

Idan mai kwalliya ta ce, "Malam, ashe hodata na ɓata? Ko haƙoransa ba a gani!" ka yi mata kallon tausayi. Jahili ne kaɗai ke neman ganin abin da yake kallo.

3. Bar hannu ya yi rawa

Yunwa ce, na sani. Kai dai ka ce hoton ne ke numfashi.

4. Danna maɓalli sau biyu

Ranar da Baba zai yi kukan mutuwar ɗansa na cikin fim, yatsanka ya danna maɓallin ɗauka sau biyu, kyamara ta tsaya ba ka sani ba. Baba ya yi kuka har darakta ya share ido. Da an ce a yanke, sake dannawa, ka sauke ta tana kallon ƙasa. Yanzu ta fara aiki. Abin da ka samu shi ne silifas ɗin Baba.

5. Kada ka amsa laifi

Darakta zai dafe kai: "Ina kukan?"

Ka ce, "Ranka ya daɗe, hawaye kowa na ɗauka. Ni daga ƙasa nake kamo baƙin ciki."

Zai yarda, tunda ba shi da halin sakewa.

6. Ranar nunawa, zauna kusa da ƙofa

Masu gilashi za su tafa. Jikar Baba za ta ja rigarsa: "Kaka, kai yaushe za ka fito?"

Zai nuna allo ya ce, "Ga ni nan, 'yar nan. Wancan silifas ɗin da aka ɗaure da waya, nawa ne."

Gargaɗi: ni hanya kawai na nuna, ban tura kowa ba. Idan Baba ya tare ka a bakin ƙofa, ba zagi zai yi ba. Hannunka zai riƙe ya ce, "Allah ya yi maka albarka, ɗana." Inda za ka sa idonka a lokacin ba ya cikin darasina.